Makulli Ɗaya, Gida Biyu: Majalisar Dokokin Kano Daga 1979 Zuwa 1983

Ranar Asabar, 21 ga Yuli 1979, damina ta kankama, mutanen Sule Tankarkar da Danzomo da Maigatari da Gagarawa da cikin garin Gumel suka ajiye fartanya suka bi layi don zaɓen wakilansu a Majalisar Dokokin Jiha. Jihar kuwa Kano ce, domin ba a yanke Jigawa ba sai bayan shekara 12, ranar 27 ga Agusta 1991. Asabar ta uku ke nan a jere da aka fito da su. Ranar 7 ga wata sun zaɓi sanatoci, ranar 14 'yan Majalisar Wakilai, ga na gwamna yana tafe ranar 28, na shugaban ƙasa kuma sai 11 ga Agusta. An shekara 13 soja na mulki, don haka samari da yawa ba su taɓa ganin akwatin babban zaɓe ba. Matan Arewa kuwa, tsofaffi da masu tasowa, wannan ne karo na farko da aka ba su damar zaɓen gwamnati tun daga jiha har tarayya.

Takardar ƙuri'ar ba ta buƙatar sai mutum ya yi boko. Alamomin jam'iyyu biyar ne a jere, ka keɓe, ka taɓa tawada, ka dangwala yatsa a gefen wadda kake so. NPN gida da masara, GNPP zakara, PRP makulli. Tsarin mulkin 1979 bai yarda da ɗan takara mai zaman kansa ba, in jam'iyya ba ta tsayar da kai ba to ba ka cikin lissafi. Saboda haka abin da manomi ya dangwala wa a wannan rana alama ce, kuma a Kano ta wancan zamani kowa ya san mai makullin nan: Malam Aminu Kano.

Majalisar tana da kujeru 138, ta fi ta kowace jiha a cikin jihohi 19 na lokacin. Tsarin mulki ya ce kujerun majalisar jiha su ninka na Majalisar Wakilai sau uku, Kano kuwa tana da wakilai 46 a Legas. In aka raba mutum kusan miliyan 5.8 da ƙidayar 1963 ta ba jihar, kowace kujera za ta tashi da mutum wajen 42,000. Mazaɓa ce ƙarama, wadda ɗan majalisa zai iya sanin dagatanta da masu unguwanninta da sunayensu. Da aka gama ƙirga, PRP ta kwashe 123, NPN ta samu 11, GNPP ta Waziri Ibrahim 3, UPN ta Awolowo 1. NPP ta Azikiwe ba ta samu ko ɗaya ba. Kafin wa'adin wannan majalisa ya cika, gwamnan da mafi yawan 'ya'yanta suka mara wa baya ya zama ɗan takarar NPP ɗin nan da ta tashi a tutar babu.

Hanyoyin da kujerar majalisa ke canza mai ita a tsakiyar wa'adi sanannu ne, tsarin mulkin ya jera su. Ɗan majalisa ya rasu, ko ya ajiye aiki, ko kotun zaɓe ta ce ba shi ya ci ba. Ko gwamna ya ɗauke shi kwamishina, domin a tsarin shugaba mai cikakken iko da aka ɗauko daga Amurka ba a haɗa kujerar majalisa da ta zartarwa, saɓanin Jamhuriya ta Farko da minista ke zaune cikin majalisa a Lugard Hall ta Kaduna. Ko ya riƙa fashin zama ba dalili har ya wuce kashi ɗaya cikin uku na kwanakin zama a shekara. Ko kuma ya bar jam'iyyar da ta tsayar da shi ya shiga wata. A mafi yawan waɗannan, kujera ta zama ba kowa, sai hukumar zaɓe ta FEDECO ta kira zaɓen cike gurbi, mutanen mazaɓa su sake fitowa. Sai dai wannan sharaɗi na ƙarshe an yi masa togaciya: idan rabuwa ce ta auku a jam'iyyar mutum, ko ta haɗe da wata, to zai iya tashi da kujerarsa. Ta wannan ƙofa ce babban sauyin majalisar Kano ya shigo. Mutanen da aka rantsar a Oktoba 1979 suna nan zaune, amma jam'iyyar da ta kawo su ta dare gida biyu, kuma ba a koma wa mai ƙuri'a an tambaye shi wane gida yake so wakilinsa ya shiga ba.

Kafin a fahimci nauyin wannan, sai an san abin da talaka ya saya da ƙuri'arsa. PRP gadon NEPU ta ci, wadda aka kafa a Kano ranar 8 ga Agusta 1950, kuma babban abin da NEPU ta shekara tana yaƙi da shi a karkara shi ne haraji da jangali da irin wulaƙancin da ke tattare da karɓarsu. Duk wanda ya tashi a ƙauye kafin 1979 ya san yadda abin yake. Ana gama girbi hakimi zai aiko wa dagaci da adadin kuɗin da ke kan ƙasarsa, dagaci ya raba wa masu unguwanni, mai unguwa ya shiga bi gida-gida. Magidancin da ba shi da kuɗi a hannu ya zaro damin gero daga rumbu, ko ya kwance akuyar matarsa, ya nufi kasuwa a daidai lokacin da kaya suka fi arha, tunda kowa sayarwa ya zo yi. Wanda ya rasa abin sayarwa ya wuni a ƙofar dagaci, ko ya sulale ci-rani kafin a zo kansa. Ba a tambayar ko ruwa ya ɗauke da wuri a shekarar, alhali ƙasar Gumel tana bakin iyakar Nijar, inda farin 1973 ya kashe dabbobi ya bar rumbuna wayam. Bafulatanin da ke kiwo a wajejen Maigatari kuwa, da lokacin ƙirgar shanu ya ƙarato, ya san hanyar da zai bi da garkensa.

Wannan ne alƙawarin makulli, kuma mutane sun yarda da shi saboda bakin da ya fito. Shaida ita ce yadda aka samu gwamnan kansa. Injiniya Salihu Iliyasu PRP ta fara tsayarwa, FEDECO ta hana shi takara, aka ɗauko Muhammadu Abubakar Rimi da ke neman kujerar sanata aka sa a gurbinsa ana dab da zaɓe, kuma ya ci ba wata wahala. A zaɓen shugaban ƙasa Malam Aminu ya samu sama da kashi 76 cikin ɗari na ƙuri'un jihar, Shehu Shagari na NPN ya tsaya a kashi 19.94. Wannan gibi na Kano shi ya jawo shari'ar nan ta jiha 12 da biyu bisa uku a kan nasarar Shagari, wadda sai da Kotun Ƙoli ta raba gardama ranar 26 ga Satumba. Idan aka iya canza ɗan takarar gwamna ƙuri'a ba ta girgiza ba, ina ga ɗan majalisar jiha? Da yawa daga cikin 123 ɗin nan malaman makaranta ne da ƙananan ma'aikata da 'yan kasuwa da tsofaffin 'yan NEPU da suka sha ɗauri, mutanen kirki a garuruwansu, amma inuwar Malam ce ta kai su Kano.

Watannin farko sun yi daɗi. Rimi na hawa ya soke haraji da jangali, haka ma Abdulƙadir Balarabe Musa ya yi a Kaduna. A 1980 Kano ta mai da ranar 1 ga Mayu hutun ma'aikata tun kafin gwamnatin tarayya ta yi, aka kafa hukumar yaƙi da jahilci ta manya wadda daga baya UNESCO ta karrama, aka buɗe kamfanin jaridar Triumph. Ƙasar Gumel tana da nata a cikin wannan gwamnati: Ahmad Muhammad Sani kwamishina ne mai kula da yaɗa labarai kafin ya gaji mahaifinsa a sarautar Gumel a ƙarshen 1980. Gwamna mai rinjayen 123 cikin 138 ba ya kwana da fargabar kasafin kuɗi ko jerin kwamishinoni. Abin da ya aika, ya wuce.

Ɓaraka daga wajen jihar ta faro. Gwamnoni tara da ba na NPN ba, biyar na UPN, biyu na GNPP, biyu na PRP, suka fara wani taro a kai a kai suna kiran kansu masu ra'ayin ci gaba, daga baya uku na NPP suka shigo suka zama 12. Shugabannin PRP, Malam Aminu da sakataren jam'iyya na ƙasa S. G. Ikoku, suka ga taron nan ba jam'iyya ce ta aike su ba, kuma amfaninsa Awolowo zai koma wa, suka umarci gwamnonin biyu su daina zuwa. Rimi da Balarabe suka ƙi. Su kuma a nasu ganin, wasu na kusa da Malam ne ke neman jan PRP zuwa inuwar NPN, jam'iyyar da suke kallo a matsayin magajiyar NPC ta Jamhuriya ta Farko da sarakuna da attajirai. A cikin 1980 aka dakatar da gwamnonin, aka kore su, su kuma suka kira nasu babban taron a watan Disamba suka naɗa tsohon shugaban ƙwadago Michael Imoudu shugaba. FEDECO ta ce ita ɓangaren Malam ta sani. Kanawa suka raɗa wa ɓangarorin suna: masu bin gwamna 'yan Santsi, masu bin Malam 'yan Taɓo. Rabuwar ta sauka har ƙasa, ta shiga majalisun hira da teburan mai shayi da tashoshin mota, ta raba wa da ƙane. Mutum ya ce maka shi ɗan PRP ne bai gaya maka komai ba, sai ka sake tambaya: Santsi ko Taɓo?

A zauren majalisa mafi yawa suka bi gwamna. A Legas ma haka ta faru ga da yawa daga cikin 'yan Majalisar Wakilai, ciki har da Sule Lamido na Birnin Kudu, yayin da Sanata Sabo Bakin Zuwo ya tsaya tare da Malam. A takardun FEDECO ba abin da ya motsa, PRP tana nan da rinjayenta. A aikace kuwa majalisar ta koma rukuni uku: 'yan Santsi masu rinjaye, 'yan Taɓo da suka zama 'yan adawa a cikin gidansu, da 'yan tsirarun NPN da sauran da ke kallo. Abin da ya fi ɗaure kai shi ne, ɓangaren da hukumar zaɓe ta amince da shi, mai riƙe da suna da alama, shi ne marar rinjaye a majalisar da aka ci da sunansa.

Me ya sa suka bi Rimi? Rashin adalci ne a ce duk kwaɗayi ne. Rimi matashi ne mai baki, yana aiki ana gani, kuma da yawa cikin samarin jam'iyyar sun yi imani da gaske cewa shi ne ke aiwatar da abin da Malam ya koya musu. Masana irin su Dokta Bala Muhammad a Kano da Dokta Yusufu Bala Usman a Kaduna suna wannan ɓangare, ba kuwa mutanen da za a ce abin duniya ya ja su ba ne. Amma rashin gaskiya ne kuma a rufe ido daga ɗaya dalilin. Ɗan majalisar da ya fito daga ƙauyen da ba rijiya mai kyau, ba asibitin sha-ka-tafi, ba hanyar da mota za ta bi da damina, wurin gwamna zai je nema. A Jamhuriya ta Biyu ba a yi zaɓen ƙananan hukumomi ba, gwamnoni ke naɗa kwamitocin riƙo, ga shi Rimi ya ƙara yawan ƙananan hukumomin jihar daga 20 zuwa 29. Wanda ya ɓata da gidan gwamnati, to a garinsu ma wani za a ɗora a kansa. Malam kuwa ba shi da abin rabawa a gidansa na Gwammaja sai magana da mutunci. Ni a ganina nan ne gizo ke saƙa: tsarin ya ba gwamna duk abin da ɗan majalisa ke buƙata don ya koma gida da fuska, ya bar jam'iyya da mai ƙuri'a ba su da abin riƙe shi.

Kaduna ta nuna ɗaya fuskar lissafin. A can kujeru 99 ne, NPN ta ci 64, PRP 16, GNPP 10, NPP 6, UPN 3, gwamna kuwa ɗan PRP. Majalisar, ƙarƙashin kakakinta Mamman Abubakar Ɗanmusa, ta yi ta mayar wa Balarabe Musa da sunayen kwamishinoninsa, ya yi mulkinsa duka ba kwamishina ko ɗaya. Tsige gwamna yana buƙatar biyu bisa uku, wato 66, NPN kuwa saura biyu ta cika. Waɗannan kujeru biyu su ne katangar da ta rage tsakanin Balarabe da tsigewa, kuma zuwa tsakiyar 1981 masu son tsige shi sun haɗa adadin. Ranar 23 ga Yuni aka sauke shi, gwamna na farko da aka taɓa yi wa haka a Najeriya, mataimakinsa Abba Musa Rimi ya hau. Duk mai bin siyasa a Kano ya ga darasin: wanda ke da biyu bisa uku a majalisa, shi ke da wuƙa da nama.

Bayan mako biyu Kano ta kama da wuta. Dama tun farkon shekarar gwamnatin Rimi ta taɓa masarauta, ta ƙirƙiro sababbin sarakuna a wurare irin su Dutse da Gaya da Rano da Auyo, abin da ya rage faɗin ikon Sarkin Kano. Ranar 7 ga Yuli 1981 gwamnati ta aika wa Sarki Ado Bayero takardar tuhuma, ta ba shi awa 48 ya ba da amsa. Ranar 10 ga wata gungun mutane suka bazu cikin gari suka ƙona gine-ginen gwamnati, har da gidan Rediyon Kano da ofishin Triumph, suka kashe Dokta Bala Muhammad, mai ba gwamna shawara kan siyasa, a gidansa. Daga wannan rana zancen sulhu ya yi nisa. Kowane ɓangare yana ganin ɗayan ya haɗa kai da maƙiya.

Mataimakin gwamna, Alhaji Ibrahim Bibi Faruk, yana cikin waɗanda ba su bar Malam ba. Gwamna ɗan Santsi, mataimaki ɗan Taɓo, kuma an ga yadda mataimaki ya gaji kujera a Kaduna. A nan ne rinjayen majalisa ya yi aikinsa mafi girma a wa'adin. Sashe na 170 na tsarin mulkin ya shimfiɗa matakan. Da fari kashi ɗaya cikin uku na 'yan majalisa su sa hannu a takardar zargi, a Kano mutum 46 ke nan. Sannan biyu bisa uku, mutum 92, su amince a bincika. Kakakin majalisa ya zaɓo mutum bakwai daga waje, majalisa ta amince da su, su yi bincike su kawo rahoto cikin wata uku. In sun ce laifi ya tabbata, mutum 92 su sake ɗaga hannu, shi ke nan. Sashen ya kuma rufe ƙofar kotu, ba alƙalin da zai saurari ƙara a kan abin da majalisa ta yi. A watan Nuwamba 1981 majalisar Kano ta bi matakan nan ta tsige Bibi Faruk, aka ɗora Alhaji Abdu Dawakin Tofa.

A tsaya a dubi wannan adadi na 92. Ko da a ce duk 'yan NPN da GNPP da UPN su 15 sun ba da hannu, sai an samu aƙalla 77 daga cikin waɗanda suka shigo da makulli. Ma'ana, mutanen da sunan Malam ya kawo su ne suka sauke mutumin da babban abin da ya raba shi da gwamna shi ne ya ƙi barin Malam. Sun yi abin da doka ta ba su dama, ba wanda zai ce sun karya ta. Amma matar da ta fito daga kulle karo na farko a Yuli 1979, ta bi layi a Sule Tankarkar ko Ringim ko Kazaure ta dangwala wa makulli, ba wanda ya koma ya ji ta bakinta. Tsarin mulkin 1979 bai tanadi kiranye ba. Da ta yarda da abin da wakilinta ya yi, da ba ta yarda ba, sai ta jira 1983. Wannan shi ne abin da nake ganin ya fi komai muni a labarin, fiye da zage-zagen da aka yi ta yi a rediyo da filayen taro.

Shekarar 1982 ta tafi a neman mafita. 'Yan Santsi suna da gwamnati da majalisa, amma ba su da jam'iyyar da za su tsaya zaɓe da ita, tunda suna da alama suna hannun Malam. Suka haɗu da wasu ɓangarori na NPP da GNPP suka nemi rajistar sabuwar jam'iyya mai suna PPP, FEDECO ta hana. Da zaɓe ya matso sai Santsi ita ma ta rabu. Rimi ya zaɓi NPP, Balarabe Musa ya ƙi binsa ya tsaya a PRP. Ana cikin haka, ranar 17 ga Afrilu 1983, Allah ya yi wa Malam Aminu rasuwa. A farkon Mayu Rimi ya ajiye kujerar gwamna don ya yi takara a NPP, Dawakin Tofa ya karɓa, kuma ba a daɗe ba shi ma suka raba gari da Rimi. Cikin wa'adi ɗaya majalisar ta ga gwamna biyu, ta sauke mataimaki ɗaya, wanda ta ɗora a gurbinsa kuma ya zama gwamna ba tare da sunansa ya taɓa shiga takarar wannan kujera a 1979 ba.

Rimi ya sauka da kansa, haka ma Abubakar Barde na Gongola da ya bar GNPP. Muhammad Goni na Borno bai sauka ba, ya koma UPN yana kan kujera, FEDECO ta ja da shi har Kotun Ƙoli, kotu ta ba Goni gaskiya a 1983, ga shi kuwa kowa ya san GNPP ta rabu. Ɗan majalisar Kano da ya ga dama ya bi Rimi zuwa NPP yana da wannan hujja a hannu, har ma ta fi ta Goni ƙarfi, domin rabuwar PRP ba ɓoyayya ba ce: shugabanni biyu, manyan taruka biyu, shekara uku ana shari'a da cacar baki. Togaciyar da aka sa don kada a zalunci wanda jam'iyyarsa ta tarwatse ba da laifinsa ba, ita ce ta zama rigar kariya ga waɗanda da hannunsu aka tarwatsa ta.

Ranar 13 ga Agusta 1983 aka zo wa mai ƙuri'a da tambayar da aka hana shi amsawa tun 1980. Ga Rimi da ayyukansa da farin jininsa a ƙarƙashin alamar NPP, ga Sabo Bakin Zuwo da makulli, Malam kuwa wata huɗu ke nan a kabari. Bakin Zuwo ya ci. Za a iya kawo dalilai da dama, har da ƙorafe-ƙorafen maguɗi da suka dabaibaye zaɓen 1983 a faɗin ƙasa, da fushin masu ƙaunar masarauta, da juyayin rashin Malam. Duk da haka sakamakon ya nuna cewa rinjayen da Santsi ta riƙe a zauren majalisa shekara uku bai yi daidai da abin da ke zukatan jama'ar jihar ba, ko kuma aƙalla jama'a ba su yarda su bi shi zuwa wata alama ba. Ranar 3 ga Satumba aka zaɓi sabuwar majalisa. Bakin Zuwo ya hau ranar 1 ga Oktoba, cikin ayyukansa na farko ya rushe masarautun da Rimi ya ƙirƙiro. Ranar 31 ga Disamba soja suka kifar da gwamnatin Shagari, Manjo Janar Muhammadu Buhari ya hau, aka rufe majalisu duka. Sabuwar majalisar ba ta wuce wata uku ba.

Togaciyar nan ba ta mutu da Jamhuriya ta Biyu ba. Tana nan a sashe na 109 na tsarin mulkin 1999, kusan kalma da kalma. An ƙara kiranye a sashe na 110, amma da sharaɗi mai tsauri: sama da rabin masu rajista a mazaɓa su sa hannu, INEC ta tantance, sannan a yi ƙuri'ar raba gardama cikin kwana 90. Yunƙurin da aka yi wa Sanata Dino Melaye a Kogi ta Yamma, bisa irin wannan tanadi na majalisar tarayya, a matakin tantance sa hannu ya mutu a Afrilu 2018. A 2015 Kotun Ƙoli, a shari'ar Ifedayo Abegunde na Ondo, ta ƙuntata ƙofar, ta ce rigimar reshen jiha ba ta isa hujja ba, sai rabuwar ta kai ga uwar jam'iyya ta ƙasa har ta hana ta aiki. Da wannan ma'auni za a auna 'yan Santsi, da sun tsallake. Waɗanda suka biyo bayansu da yawa ba su ma damu da ma'aunin ba, domin kakakin majalisa ne ke ayyana kujera ba kowa, kakaki kuwa ɗan siyasa ne. A Mayu 2022 'yan majalisar Kano da dama daga PDP da APC suka bi Rabi'u Musa Kwankwaso zuwa NNPP, suka ci gaba da zama har wa'adinsu ya cika a 2023.

Ƙasar da ta aika mutum 138 zaure ɗaya a 1979, yau tana aika 70 zuwa zaure biyu: 40 a Kano, 30 a Dutse. A Jigawa kowace ƙaramar hukuma cikin 27 tana da kujera, sai ƙarin uku na Bulangu da Fagam da Kanya. Sule Tankarkar tana da tata, haka Gumel da Maigatari da Gagarawa. Biyu bisa uku a Dutse mutum 20 ne. Su ke iya sauke gwamna ko mataimakinsa, sai dai yanzu Babban Alƙalin jiha ne ke naɗa masu bincike bakwai, an karɓe wannan daga hannun kakaki. Su ne kuma ke iya sauke kakakin kansa, ba sai an kafa kwamitin bincike ba. A Janairu 2017 majalisar Jigawa ta cire Idris Garba na Jahun ta ɗora Isa Idris na Gwaram, a Mayu 2019 kuma, wa'adi na dab da cika, ta sauke Isa Idris ta mayar da Idris Garba, su biyun duka 'yan APC.